Akwai Gyara A Maganar Waƙoƙin Ibadar Kiristocin Da

Zuwa ga Edita,

Ranka ya daɗe, bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya kai da ma'aikatanka baki ɗaya, ina roƙon ka ɗan bani fili a wannan jarida tamu mai farin jini in yi magana kan wani rubutu da ya fito a shafinku na tarihi kwanakin baya, wanda ya taɓo rayuwar Turai a tsakiyar zamani. Marubucin ya yi ƙoƙari, wannan kam ba zan hana masa ba, amma akwai wuri ɗaya da ya tsaya min a rai, inda ya nuna cewa wai waƙe-waƙen coci na wancan lokacin ado ne kawai da limamai suka ƙirƙiro don su burge talakawan da basu iya karatu ba, su kuma sufayen Kirista wasu mutane ne da suka gudu daga duniya suka kulle kansu a ɗaki. Ni Kirista ne, kuma na daɗe ina bibiyar wannan tarihi saboda son da nake wa waƙar ibada, gaskiya maganar bata yi min daɗi ba, don mutanen nan an zalunce su da wannan hukunci. A wurinsu rera waƙa ita ce addu'ar kanta, kuma sun ɗauke ta da nauyin da har rigima suke yi da juna a kanta shekaru fiye da dubu.

Wa ake burgewa da ƙarfe biyun dare? Wannan ita ce tambayar da nake so marubucin ya fara amsawa, domin mafi yawan waɗannan waƙoƙi ba a gaban jama'a aka rera su ba sam. Benedict na Nursiya, wanda ya rubuta ƙa'idar zaman masu zuhudu a Monte Kasino ta Italiya a ƙarni na 6, ya tsara musu lokutan addu'a 8, bakwai da rana ɗaya da dare, ya kafa hujja da Zabura ta 119 inda aka ce sau bakwai a rana ake yabon Allah kuma da tsakar dare ake tashi a yi masa godiya. Sannan yace dole a sauke Zabura 150 ɗin nan kaf a cikin mako guda, in mako ya zagayo a koma farko, har ma ya ƙara da cewa iyayenmu na da a rana ɗaya suke saukewa, mu ragwaye ko a mako ne mu yi. Da tufafinsu suke kwana, ɗamara a kugu, don kada a ɓata lokaci in an buga ƙararrawa, kuma ya yi umarni in an tashi a riƙa ƙarfafa juna a hankali saboda masu nauyin barci basa rasa uzuri. To ka duba yanayin, lokacin sanyin Turai ne, ginin dutse, ba wuta sai ɗan kyandir, mutane sun jeru sahu biyu suna fuskantar juna, wannan ɓangaren ya rera aya ɗaya, a tsakiyar ayar a ɗan dakata a ja numfashi kowa ya yi tsit, a ƙarasa, sannan ɗaya ɓangaren ya karɓa da aya ta gaba, babu kiɗa babu tafi, murya ɗaya kari ɗaya, talakan da ake cewa ana burgewa yana can ƙauyensa yana sharar barci. Abin da Benedict ya nema daga gare su kawai shi ne zuciya ta yi daidai da abin da baki yake rerawa.

Wannan salon shi ake kira waƙar Giregori, an jingina shi ga Fafaroma Giregori na 1 wanda ya yi mulki daga 590 zuwa 604, ko da yake masana sun nuna siffar da muka gada ta haɗu ne daga baya a ƙasar Farankawa zamanin Pepin da ɗansa Sarki Shalaman, ƙarni na 8 zuwa na 9. Da ka ake riƙe shi duka. Yaro ya shiga gidan zuhudu sai ya yi wajen shekara 10 yana bin bakin malami kafin a ce ya iya. Wani mai zuhudu ɗan Italiya, Guido na Arezzo, wajen 1025 zuwa 1030 shi ya daidaita rubuta kari a kan layuka yadda mutum zai iya rera waƙar da bai taɓa ji ba, kuma ya ciro ut re mi fa sol la daga farkon baitocin wata waƙar yabon Yohanna Mai Baftisma, yace da hanyarsa shekara ɗaya ko biyu sun isa. Duk wani ɗan kwaya ko makaɗin fiyano da yake karanta kari a takarda yau a duniya, gadon wannan ɗakin addu'a yake ci, ko ya sani ko bai sani ba.

Amma abin da ya fi jan hankalina shi ne su kansu tsoron waƙar suke ji. Agustin, ɗan Afirka ta Arewa da ya zama bishop na Hippo a inda yau ake kira Annaba ta Aljeriya, ya faɗa da bakinsa cewa ya sha kuka in ya ji ana rera yabo a cocin Milan farkon tubansa, amma duk ranar da daɗin muryar ya fi taɓa shi fiye da ma'anar kalmomin sai ya ga ya yi zunubi, har yakan ji da ma a bi hanyar Atanasiyus na Iskandariya wanda yake sa a karanta Zabura da ɗan kari kaɗan, kusa da magana. Bai iya yanke hukunci kai tsaye ba, ya dai karkata ga a bar waƙar saboda masu raunin zuciya. Wannan kokawa ta Agustin ita ta bi Ikilisiya har ƙarshen zamanin da muke magana. A ƙarni na 12 Aelred shugaban gidan zuhudu na Rievaulx a Ingila ya yi kaca-kaca da mawaƙan zamaninsa, yace wani sai ya riƙa karya murya har ta koma haniniyar doki, ana murguɗa jiki ana juya ido, mutane sun zo kallo ba addu'a ba. A Paris kuwa, a cocin Notre Dame da aka fara ginawa a 1163, Leonin da Perotin suka bunƙasa salon ɗora murya kan murya, wajen 1198 Perotin ya kai muryoyi 4 a lokaci guda, muryar ƙasa ta riƙe gaɓa ɗaya ta kalma ta yi ta ja, na sama suna ta yawo a kanta, kafin a gama kalma guda mai sauraro ya manta farkonta. Wajen 1324 Fafaroma Yohanna na 22 ya fitar da doka yana tsawatar wa masu sabon salo, yace suna bugar da kunne basa warkar da shi. Kaga kenan ba mutanen da suke wasa da abin bane. Mai so da mai tsoro duk sun yarda da abu ɗaya, cewa waƙa tana shiga inda wa'azi baya shiga.

Yanzu bari in zo kan matar da saboda ita na ɗauki alƙalami, wato Hildegard ta Bingen, Bajamushiya, an haife ta a 1098. Tun tana yarinya iyayenta suka miƙa ta ga wata mai halwa Jutta, suka zauna a gefen gidan zuhudun maza na Disibodenberg, da Jutta ta rasu a 1136 sai matan suka zaɓe ta shugaba. Tun ƙuruciya take ganin wahayi, ido buɗe ba a barci ba, tana ɓoyewa, sai a 1141 tana da shekara 42 ta ji umarni ta rubuta abin da take gani, ta ƙi saboda tsoro har ta kwanta ciwo, sannan ta fara, ta kwashe shekara 10 tana rubuta littafinta Scivias mai wahayi 26, wani mai zuhudu Volmar yana taimaka mata da gyaran Latin. Fafaroma Eugenius na 3 ya ga wani ɓangare nasa lokacin taron Trier na 1147 zuwa 1148 ya kuma ƙarfafa ta. Wajen 1150 ta kwashe matanta, duk da ƙin yardar mazan, ta kafa nata gidan a Rupertsberg kusa da Bingen a bakin kogin Rhine, daga baya ta ƙara wani a Eibingen. Ta rubuta kan magani da tsirrai da duwatsu, ta rubuta ɗaruruwan wasiƙu har da masu zafi ga Sarki Frederick Barbarossa, ta fita ta yi wa'azi a fili a birane irin su Cologne da Trier tana faɗa wa limamai laifinsu a gabansu. Wannan ce wai ta gudu daga duniya? Haba.

Waƙoƙinta sama da 70 suna nan da karinsu, kuma duk wanda ya saurara zai ji bambanci da waƙar Giregori nan take, ita Giregori tafiya take a natse taki-taki, ta Hildegard kuwa sai ta yi tsalle tun daga farko ta hau sama can inda kake zaton murya zata tsaya ta ƙara hawa, tsigar jikinka ta tashi. Ta kuma tsara wasan kwaikwayo na waƙa wajen 1151, Ordo Virtutum, labarin Rai ne da Shaiɗan ya yaudara ya tafi da ita duniya, ta dawo da raunuka, kyawawan halaye irin su Ƙauna da Biyayya da Tsoron Allah, ƙarƙashin sarauniyarsu Tawali'u, suka karɓe ta, a ƙarshe aka ɗaure Shaiɗan. Kowa a wasan nan rerawa yake, mutum ɗaya ne tak ba a ba shi kari ba, Shaiɗan, shi sai dai ihu da tsawa. Ni a ganina babu wata hujja ta ilimin tauhidi da ta fi wannan nuna yadda ta ɗauki waƙa, wato wanda ya rabu da Allah ya rasa daidaituwar da ake waƙa da ita.

Kuma an gwada ta a kan wannan. A 1178, tana da shekara 80, aka binne wani bawan Allah ɗan manyan gida a maƙabartar gidansu, wanda a da an taɓa yanke shi daga zumuntar Ikilisiya. Manyan limaman Mainz suka aiko a tone gawar a fitar. Ta ƙeƙasa ƙasa tace ba za a tone ba, mutumin ya tuba ya furta zunubansa ya ci jibin Ubangiji, wato gurasa da inabin da Kirista ke karɓa a sujada, kafin ya cika, har an ruwaito ta je da sandarta ta share alamar kabarin don kada a gane shi. Sai suka sa wa gidan takunkumi, ba cin jibi, ba rera addu'a, sai dai a karanta ƙasa-ƙasa ƙofa a rufe. Ka yi tunanin matan da tun suna yara sau 8 a rana suke rerawa, yanzu ƙararrawar lokaci ta yi sun jeru a inda suka saba, littafi a buɗe, sai raɗa. Ta bi umarnin fa, bata yi tawaye ba, amma ta rubuta musu wasiƙar da har yau ake karantawa. A ciki tace kafin Adamu ya faɗi muryarsa tana tafiya daidai da ta mala'iku, da ya yi zunubi ya rasa wannan, sai Allah ya hure annabawa suka tsara zabura da waƙoƙi da kayan kiɗa don ɗan Adam ya riƙa tuna abin da ya rasa, shi ya sa Shaiɗan tun da ya ji mutum ya fara waƙa hankalinsa ya tashi yake neman hanyar kashe ta, ko ta zukatan mutane ko ma ta bakin shugabannin Ikilisiya. Tace jiki rigar rai ne, rai kuma yana da murya, don haka ya dace jiki ya haɗu da rai su yi yabo tare. Sannan ta gargaɗe su cewa duk wanda ya rufe bakin masu yabon Allah ba da ƙwaƙƙwaran dalili ba, ya ji tsoron kada a hana shi shiga cikin yabon mala'iku a sama. Tsohuwa ce fa mai shekara 80 take faɗa wa masu iko haka. A watan Maris 1179 aka ɗage takunkumin, gawar tana inda take, ita kuma ta rasu ran 17 ga Satumba na shekarar. Sai a 2012 Fafaroma Benedict na 16 ya tabbatar da ita cikin tsarkaka ya kuma sa ta cikin manyan malaman Ikilisiya.

Ni dai ina bayan Hildegard a wannan muhawara, ban ɓoye ba. Jinjiri bai san ma'anar kalma ko ɗaya ba amma in uwa ta rera masa sai ya yi lamo a bayanta, akwai wani sashe na mutum da ta wannan ƙofar kaɗai ake isa gare shi, kuma ban ga dalilin da zai sa a ce wannan sashen baya da rabo a sujada ba. Amma tsoron Agustin ma ba na banza bane, kuma sufayen da kansu sun fi kowa sanin haka.

Dubi Richard Rolle, mai halwa a Yorkshire ta Ingila da ya rasu a 1349. Yace farkon da ya ji zafin ƙaunar Allah a ƙirjinsa sai da ya riƙa shafa wurin da hannu don ya tabbatar ba wata wuta ce ta zahiri ba, daga baya yana zaune a ɗakin addu'a yana karanta zabura kafin cin abincin dare sai ya ji amon waƙa daga sama, addu'arsa da tunaninsa duk suka koma waƙa a cikinsa, tun daga nan waƙar coci ta baki ta zamar masa hayaniya. To a ƙasar dai, Walter Hilton da ya rasu a 1396 ya rubuta yana jan kunne cewa ba duk wanda yace ya ji waƙar mala'iku bane ya ji, wani ruɗun kansa ne wani kuma yaudarar Iblis, ma'aunin shi ne tawali'u da ƙauna. Marubucin wani littafi na Ingila mai suna Gajimaren Rashin Sani, wanda ya ɓoye sunansa, shi cewa ya yi a ture duk wani tunani da hoto gefe a riƙe gajeriyar kalma ɗaya a fuskanci Allah da ƙauna tsantsa. Wannan hanya kuwa tana da tsada. An ƙone Marguerite Porete a Paris ran 1 ga Yuni 1310 saboda ta ƙi janye littafinta, Meister Eckhart kuma, babban malami ne a ɗarikar Dominikan, bayan ya mutu ne Fafaroma Yohanna na 22 ɗin nan dai, a 1329, ya yi hukunci kan maganganunsa 28. Ƙone matar nan abin kunya ne a tarihinmu, ba zan yi masa kwalliya ba.

Wanda ya haɗa ɓangarorin biyu a jikinsa shi ne Yohanna na Gicciye, ɗan Sifen, 1542 zuwa 1591, abokin aikin Teresa ta Avila wajen gyaran ɗarikar Karmel. Ita Teresa, duk da zurfin littafinta na 1577 da ta kwatanta rai da fada mai masauki 7 Allah yana can a tsakiya, mace ce da take tsara wa sistocinta baitoci suna rerawa da ƙaramar ganga a ranakun biki. A Disamba 1577 'yan ɗarikarsu da basa son gyaran suka kama Yohanna suka kai shi Toledo suka kulle a wani ɗan ƙuntataccen ɗaki, haske sai ta wata 'yar tsaga can sama, sai ya hau kan benci kafin ya iya karanta littafin addu'arsa, abinci burodi da ruwa da ɗan kifi, a fito da shi a yi masa bulala a gaban 'yan uwa a mayar. Wata wajen 9 ya yi a haka, sanyi ya ci shi zafi ya zo ya ci shi. A cikin wannan ramin ya tsara baitoci 31 na waƙarsa ta amarya mai neman angonta, a ka ya fara riƙe su, sai daga baya wani sabon mai gadi ya tausaya ya ba shi takarda da tawada. A Agusta 1578 ya kwance makullin ƙofa, ya yayyaga bargo ya ƙulla ya sauka ta taga da dare, ya fake wurin sistocin Teresa na garin, kuma yana ɗan farfaɗowa ya fara karanta musu baitocin. Abin mamakin, mutumin nan da ake lissafawa cikin manyan mawaƙan harshen Sifen shi ne kuma ya fi kowa tsanani wajen cewa kada rai ya maƙale wa daɗin wahayi ko daɗin amo ko hawayen addu'a, a wuce su duka a shiga duhun bangaskiya. Bai ga karo tsakanin biyun ba. Da yana bakin mutuwa a Ubeda ran 14 ga Disamba 1591, Waƙar Waƙoƙi ya roƙa a karanta masa, littafin da Bernard na Clairvaux ya yi wa wa'azi 86 a ƙarni na 12 bai wuce farkon sura ta 3 ba.

'Yan uwana Musulmi masu karanta wannan jarida, nasan wasu abubuwan nan basu zo muku a baƙi ba, domin Imam Gazali da ya rasu a 1111, Hildegard tana yarinya a lokacin, ya ware babi guda a Ihya kan sauraron waƙa da abin da take haifarwa a zuciya, yana auna yaushe ta halatta yaushe ta zama fitina. Wani limamin Katolika ɗan Sifen masanin Larabci, Miguel Asin Palacios, a 1933 ya nuna kamanni tsakanin Yohanna na Gicciye da Ibn Abbad na Ronda, sufin Shaziliyya da ya yi limanci a Fas ya rasu a 1390. Masana basu haɗu kan cewa ɗaya ya ɗauka daga ɗaya ba, ni ma ba cewa nake addinan ɗaya bane, kowa da aƙidarsa, amma tambayar da ta dami mutanen kirki a ɓangarorin biyu iri ɗaya ce.

Kuma kada a ɗauka abin na Turawan yamma ne kaɗai. Zuhudun Kirista a hamadar Masar ya yi ƙarfi tun zamanin Antoni da Pakomiyus a ƙarni na 4. A Habasha, Yared na Aksum a ƙarni na 6 shi ake jingina wa tsarin waƙar cocinsu mai kari 3, da ganga da kacau-kacau da sandar addu'a, har yau da shi ake sujada. A dutsen Atos na Girka kuwa masu halwa gajeriyar addu'ar kiran sunan Yesu suke maimaitawa tare da numfashi, wani malami Barlaam ya yi musu ba'a, Giregori Palamas ya kare su, majalisun Konstantinoful na 1341 da 1351 suka ba shi gaskiya.

Da zamanin gyaran Ikilisiya ya zo a ƙarni na 16 tsohuwar rigimar ta sake tashi sabuwa fil. Martin Luther, wanda da kansa ya buga wani tsohon littafin sufancin Jamus a 1516 da 1518 saboda son da yake masa, ya ajiye waƙa a matsayi na biyu bayan ilimin tauhidi, ya sa jama'a duka su rera da harshensu, littattafan waƙarsu na farko suka fito a 1524. Zwingli a Zurich, wanda ya fi Luther iya kayan kiɗa nesa ba kusa ba, shi ya kashe waƙa a coci gaba ɗaya, aka cire ogan, wato babban abin kiɗan coci, daga babban cocin a 1527, jama'ar garin basu koma rerawa ba sai 1598. Sanin ƙarfinta ne ya sa ya ji tsoronta, irin na Agustin. Calvin a Geneva ya tsaya tsakiya, Zabura kawai, ba kiɗa. Katolika a majalisar Trent, 1545 zuwa 1563, suka ce a fitar da duk abin da yake na batsa ko rashin tsarki daga waƙar coci, labarin da ake yaɗawa cewa Palestrina, mai tsara waƙa ɗan Italiya, shi ne ya ceci waƙa mai muryoyi da yawa da waƙa guda ɗaya ta Mas, wato babbar sujadar Katolika, ƙari ne na mutanen baya, amma gaskiya ne shi da Victoria, limami ɗan Avila garin su Teresa wanda bai taɓa tsara waƙar duniya ba, sun nuna za a iya jera muryoyi 6 kuma kalmomin su fito sarai.

Akwai waƙa guda da tarihinta ya isa ya nuna yadda abubuwan nan suke ratsa shinge. Wani mai zuhudu na ƙarni na 13 ya yi doguwar waƙar Latin yana kallon gaɓoɓin Almasihu a kan gicciye ɗaya bayan ɗaya, daga ƙafafu har zuwa fuska. Paul Gerhardt, fasto ɗan Lutheran da ya rayu cikin yaƙin shekara 30 na 1618 zuwa 1648, wanda ya binne 'ya'yansa 4 cikin 5 da matarsa, ya mayar da sashen fuskar zuwa Jamusanci aka buga a 1656, aka ɗora shi a kan karin wata waƙar soyayya da wani mawaƙin Jamus Hassler ya fitar a 1601. Bach, shahararren mai tsara waƙa na Jamus, ya ɗauki wannan kari ya sa shi sau 5 a cikin babban aikinsa na shan wuyar Almasihu bisa ga Matiyu a Leipzig, na ƙarshen yana zuwa ne daidai bayan Yesu ya saki ransa, kuma roƙo ne na kada Yesu ya rabu da mai rerawa a ranar mutuwarsa. Katolika da Furotesta sun kashe juna a filin daga amma yau wannan waƙa duk suna rera ta.

Don haka ranka ya daɗe roƙona guda biyu ne. Na farko a gyara waccan magana a shafin tarihi, ko marubucin ya dawo ya kawo hujjarsa mu gani, ni a shirye nake in saurara. Na biyu, in da hali a ba wannan fanni fili ko da sau ɗaya a wata ne, a gayyato masana Kirista da Musulmi su yi bayani, kowa daga nasa littattafan. Masu karatu da suke son ji da kunnensu, waƙoƙin Hildegard da na Perotin da Victoria duk suna nan a YouTube, sai dai in an ji waƙa ɗaya ta Hildegard an rera ta iri-iri, wata da sauri wata a hankali wata har da kayan kiɗa, kada a ruɗe, rubutun zamaninta hawa da saukar murya yake nunawa baya nuna tsawon kowane sauti, shi ya sa kowace ƙungiyar mawaƙa take bin fahimtarta. Ni shawarata a fara da waɗanda muryoyin mata ne zalla ba kiɗa, sannan a nemi fassarar kalmomin a ajiye a gaba kafin a kunna.

Na gode da wannan dama, Allah ya ƙara wa jarida ɗaukaka.

Naku,
Mai karatu a kullum.